Yadda za ka gane asalin suna kafin a raɗa wa yaro

"Salamu alaikum Malam. Ni ina Aboabo ne nan Kumasi, maiɗakina ta sauka ranar Alhamis an samu namiji. Ita tana so a sa masa Ayaan, wai ta gani a Google ma'anarsa kyautar Allah kuma wai yana cikin Alƙur'ani. Ni da na duba sai wani shafi ya ce sunan Indiyawa ne wani ya ce na Somaliya ne. Ƙanwata ma bara ta sa wa 'yarta Eshaal don an ce mata sunan wani fure ne a Aljanna. Tsohuwata kuma ta kafe sai dai Seidu sunan marigayi babana, tun yanzu ma Danlami take kiransa. Don Allah ta yaya mutum zai tabbatar da asalin suna da tarihinsa kafin ranar suna, tunda kowane shafi da abin da yake faɗa?"

Wa alaikumus salam ƙanena. Barka da arziki, Allah Ya raya mana shi, Ya ba mai jego lafiya. Ka gaishe min da Hajiya tsohuwa ka ce mata na ji maganarta kuma zan zo kanta a ƙasa.

In na fahimce ka ba cewa kake in zaɓa maka suna ba, hanya kake nema wadda in an kawo maka suna da ma'ana da ɗan labari a manne da shi za ka iya gane ina gaskiya take ina aka yi ƙari. Wannan tambaya yanzu kusan duk sati sai an min ita. Ni aikina koyar da Larabci a wata makarantar Islamiyya a Asawase, sama da shekara 20 kenan, shi ya sa ake yawan kirana wajen raɗin suna, bayan asuba a baje tabarma a sha koko da ƙosai a raba goro. Da can in na je uban yaro zai matso ya raɗa min sunan kakansa ko na malaminsa, a yi fatiha a watse. Yanzu kuwa waya ake miƙo min, a nuna min hoto mai furanni da aka turo a WhatsApp, suna da boko a sama ma'ana a ƙasa, a ce Malam duba mana. Wani lokacin ma rago na ɗaure mahauci ya gama wasa wuƙa sannan ake tambayata. Kai dai ka kyauta da ka tambaya da sauran kwanaki.

Tambaya 3 ce ake dunƙulewa wuri ɗaya

In an ce "asalin suna" abu 3 ake nufi amma mutane suna haɗa su kamar abu guda. Daga wane harshe sunan ya fito, mene ne ma'anar kalmar a wancan harshen, sannan wa ya taɓa amsa sunan a tarihi. Kowace tambaya da ƙofar da ake buga mata, kuma yawancin ruɗanin da nake gani daga nan yake, a ɗauki amsar ta 3 a liƙa wa ta 2.

Ɗauki Khadija. A ƙamus na Larabci khadij shi ne jaririn da aka haifa watanninsa ba su cika ba, bakwaini dai da Hausa. Usman kuwa ɗan tsakon wani tsuntsun daji ne da Larabawa ke kira hubara, wasu suka ce ɗan maciji. Bakr ɗin da ke cikin Abubakar saurayin raƙumi ne. Fatima daga yaye ne, yaye yaro daga nono. Ka ga in ma'anar ƙamus kaɗai ake bi wa zai tashi ya sa wa 'yarsa bakwaini? Amma gidan wa za ka shiga a zango ba ka samu Hadiza ko Adiza ko Dije ba, saboda ba kalmar muke bi ba, Nana Khadija muke bi. To masu shafukan nan sai su ji nauyin rubuta bakwaini, sai su rubuta "amintacciya" ko "mace mai daraja", wato halin mai sunan suka ɗauko suka ce shi ne ma'anar sunan. Ba su yi wa Nana Khadija ƙarya ba amma sun yi wa harshen Larabci.

Haka kuma ba duk sunan da Musulmi ke sawa ne Larabci ba. Ibrahim da Isma'il da Ishaƙ ba kalmomin Larabci ba ne, duk ɗalibin da ya yi nahawu ya san ba sa ɗaukar tanwini saboda baƙin sunaye ne a harshen, Isma'il ma da Ibrananci ma'anarsa Allah Ya ji. Yasmin da Fairuz daga Farisanci suka shigo. Don haka in shafi ya rubuta "sunan Musulunci" bai gaya maka komai ba tukuna, a ƙarƙashin wannan inuwar akwai Larabci da Farisanci da Turkanci da Urdu har da sunayen da aka ƙera jiya don daɗin furuci.

Me ya sa shafukan ke saɓa wa juna

Na farko dai kwafe ne. Ka buɗe shafi 10 ka ga duk sun ce abu ɗaya sai zuciyarka ta kwanta, alhali mutum ɗaya ne ya rubuta sauran 9 suka kwasa, har kuskuren rubutu za ka ga iri ɗaya ne. Shaida 10 da duk a bakin mutum ɗaya suka ji labari ai shaida ɗaya ce. Manhajojin nan da ake yi wa tambaya su amsa ma sau da yawa abin da ke shafukan suke maimaita maka cikin lafazi mai daɗi. Sannan su masu shafin talla suke ci, burinsu ka daɗe kana latsawa, shi ya sa ba za ka taɓa ganin suna mai ma'ana tsaka-tsaki ba, kowane suna sai ya zama gimbiya ko hasken wata ko furen Aljanna ko kyautar Allah. In ka ga ɗaya daga cikin waɗannan 4 kuma ba a rubuta sunan da baƙaƙen Larabci ba, ba a faɗi tushen kalmar ba, to ka ja birki.

Amma babbar matsalar ita ce rubutun boko. Kai Bahaushe ne, ka san in aka cire ƙugiya a rubutu baki da baƙi sun zama ɗaya, kafa da ƙafa sun zama ɗaya. Haka Larabci yake in an juye shi da boko, har ma ya fi muni, alifi da aini duk su koma A, sini da sadi duk su koma S, ha guda 2 su koma H ɗaya, ja da gajarta su ɓace. Na taɓa zama wajen wani suna a Tafo Zango, an ce yarinya Asiya, sai wani matashi da ya fara karatu ya miƙe ya ce haram, ai Annabi (SAW) ya canza wa wata mai suna Asiya suna ya mayar da ita Jamila. Wuri ya kaure, kakar yarinyar ita ma Asiya ce, ta ce to ashe shekara 70 da sunan saɓo take yawo. Hadisin da yaron ya kawo gaskiya ne yana cikin Muslim, amma waccan عاصية ce da aini da sadi, mai saɓo, ita kuwa tamu آسية ce da alifi da sini, matar Fir'auna wadda Annabi ya lissafa cikin matan da suka kai kamala. A boko harafi ɗaya bai bambanta su ba. Sai da na karɓi biro na rubuta su biyun a bayan kwalin sukari sannan hankali ya kwanta.

Ni ma abin ya taɓa ci na, kar ka ce ko na fi ƙarfinsa. Wata ɗalibata ta tambaye ni Nahla a tsaye a bakin aji, na ce mata ƙudan zuma, ta tafi ranta ba daɗi. Ashe su da ɗaya ha ɗin suke rubutawa, wadda ke nufin kurɓin ruwa na farko ga mai ƙishi. Tun ranar na daina amsa ma'anar suna da ka, sai an rubuta min.

Don haka dokata ta farko, ka mayar da suna gidan ubansa. In an ce Larabci ne a rubuta maka shi da baƙaƙen Larabci da wasulla, a nuna maka harufa 3 na tushensa. Wanda ya kasa wannan bai san sunan ba, ji ya yi.

Mu gwada da Ayaan

Rubutun A-y-a-a-n zai iya komawa gida da yawa. Akwai أيّان ayyana, ita ce ke cikin Alƙur'ani, misali Suratul Ƙiyama aya ta 6, kuma ma'anarta "yaushe?", kalmar tambaya ce kawai, a ayar ma mai ƙaryata tashin ƙiyama ne ke tambaya yaushe ne ranar. Akwai عيان iyan, ganin abu ido da ido. Akwai أعيان a'ayan, manyan gari, jam'i ne. Akwai kuma tsohon sunan Larabawa أعين, mai manyan idanu. Duk cikinsu babu kyauta babu Allah. In kyautar Allah ake so da Larabci ai Hibatullah ne ko Ata'ullah, za ka ji sunan Allah a ciki da kunnenka. Mu ma muna da Kyauta a Hausa, Tonawa makwabtanmu, wato Asante, suna da Nyamekye, Dagombawa suna da Wumpini, kowanne in ka tambayi mai harshen zai fasa maka shi gida-gida ya nuna maka ina kyautar take.

Shafin da ya ce maka Somaliya bai yi ƙarya ba, Ayaan suna ne sananne a wurinsu, ma'anarsa sa'a ko rabo, kuma mata ake yawan sa wa. A Indiya da Pakistan kuma ya yi tashe a kan maza, daga can ne ya cika intanet har ya iso wayar maiɗakinka. Yarbawa ma suna da Ayan a farkon sunayen gidan makaɗa irin su Ayanwale, ka ga wani gida ne daban ba ruwansa da waɗancan. To amsar a taƙaice, sunan ba shi da mummunar ma'ana, amma "kyautar Allah da Larabci" ba ta tabbata ba, kuma "yana cikin Alƙur'ani" rabin gaskiya ce mai ɓatarwa.

Eshaal kuwa in ka mayar da shi Larabci abin da za ka tarar shi ne إشعال, kunna wuta ko kunna fitila. Babu aya babu ingantaccen hadisi da ya ambaci fure mai wannan suna a Aljanna. Abubuwan Aljanna da aka ambata da suna sanannu ne, Kausar, Salsabil a Suratul Insan aya ta 18, Tasnim a Muɗaffifin aya ta 27, Rayyan ƙofar masu azumi a Bukhari da Muslim. Labarin gaibu ba a saninsa sai ta nassi, mai shafin sunaye bai leƙa Aljanna ya dawo ba.

"Ai yana cikin Alƙur'ani"

Wannan jumlar ta fi kowace rufe wa mutane baki. Kasancewar kalma cikin Alƙur'ani ba ya mayar da ita sunan yabo, Fir'auna da Hamana da Ƙaruna duk suna ciki. An'am sunan sura ce guda, ta 6, amma ma'anarta dabbobin kiwo, raƙuma da shanu da tumaki da awaki. Na taɓa ganin Zaniya a jerin sunayen mata wai kyakkyawa, inna lillahi, duk wanda ya karanta aya ta 2 a Suratun Nur ya san abin da kalmar ke nufi a kunnen Balarabe, ko da mai sunan daga wani harshe ya ɗauko ta yarinyar za ta je Makka wata rana a kira fasfonta da ƙarfi.

Duba wannan ba wuya. Ka ce wa mai da'awar wace sura wace aya. Akwai Mu'ujamul Mufahras na Muhammad Fu'ad Abdulbaƙi da ya jera duk kalmomin Alƙur'ani bisa tushensu, kuma kowace manhajar Alƙur'ani ta waya tana da wurin nema in ka rubuta da Larabci. In ka samu ayar kar ka tsaya nan, ka karanta fassararta ka ga a bakin wa kalmar ta fito kuma a kan wa.

Wani abin da zai ba ka mamaki, mace ɗaya tak aka ambata da sunanta a Alƙur'ani, Maryam. Sahabi ɗaya tak, Zaidu, a Ahzab aya ta 37. Bilkisu ba ta ciki da suna, sarauniyar Saba ce kawai, sunan a littattafan tafsiri yake. Zulaiha ma haka, matar Aziz aka ce. Hauwa'u da Asiya a hadisi sunayensu suka zo. Wannan bai rage wa sunayen komai ba, kawai dai in za a faɗi tarihi a faɗe shi daidai.

In an ce sunan sahabi ne ko sahabiya

Nan ma malamai sun gama mana aiki tun tuni. Al-Isaba na Ibn Hajar al-Asƙalani wanda ya rasu 852 bayan hijira an jera shi bisa harufa, ɓangaren mata na ƙarshensa, akwai kuma Usdul Gaba na Ibnul Asir da Al-Isti'ab na Ibn Abdil Barr. Ba sai ka saya ba, duk malamin zaure da ya amsa sunansa a Kumasi ko Nima ta Accra zai iya buɗe maka, kuma suna nan kyauta a intanet da Larabci. Ta nan za ka ga Rumaisa gaskiya ce, Ummu Sulaim ce mahaifiyar Anas bin Malik, Nusaiba ma gaskiya ce, 'yar Ka'ab wadda ta tsaya a Uhudu. Wasu jerin kuma a rufe suke ba a ƙara kowa, 'ya'yan Annabi (SAW) 7 ne, Ƙasim, Abdullahi, Ibrahim, Zainab, Ruƙayya, Ummu Kulsum, Fatima, duk wanda ya kawo maka na 8 daga TikTok ka san inda za ka ajiye shi.

Ma'anar kalma kuma ƙamus ne gidanta, Lisanul Arab na Ibn Manzur da ya rasu 711 bayan hijira, ko Ƙamusul Muhiɗ, ko Mu'ujamul Wasiɗ da ya fi sauƙi ga ɗalibi. Sai dai ƙamus na Larabci da tushe ake shigarsa ba da harafin farko na sunan ba, shi ya sa nake cewa ka nemi wanda ya iya ya zauna da kai minti 10, ya fi ka kwana kana latsa waya. Hukuncin suna kuma, wanne ya halatta wanne aka ƙi, Ibnul Ƙayyim ya tattara shi a Tuhfatul Maudud. Abin da ya inganta a Muslim shi ne mafi soyuwar sunaye wurin Allah Abdullahi da Abdurrahman. Maganar nan da ake yawan ja a wajen suna wai mafi alherin sunaye wanda aka yi hamdala ko bauta a cikinsa, malaman hadisi sun ce ba ta da asali da wannan lafazin. Kuma tunda mun zo nan, Abdul shi kaɗai rabin suna ne, "bawan" ne aka yi shiru, a Gana mun mayar da shi cikakken suna har a takardu, wani kuma a yanke Abdul ɗin a bar shi da Razak ko Kudus.

Sunayenmu na gida, inda intanet ta fi rauni

Yanzu ga maganar Hajiya. Seidu dai Sa'idu ne, mai arziki mai rabo, bakin mutanenmu ne ya lanƙwasa shi. Zangon Kumasi ai tukunya ce da aka zuba komai, Hausawa fataken goro, Dagombawa, Moshi, Wangarawa, Zabarmawa, Fulani, Kotokoli, Yarbawa, musamman bayan yaƙin basasar garin Salaga na arewacin Gana a 1892 da ya watso mutane kudu, kowa ya zo da yadda harshensa ke furta sunan Larabci. Husaini ya zama Fuseini, Abubakar ya zama Bukari a nan Garba ko Habu a ƙasar Hausa, Muhammadu ya zama Mahama ko Mamman, Abdurrahman ya zama Dramani, Mukhtar ya zama Muntari, Idris ya zama Iddrisu. In ka rubuta irin waɗannan a Google sau da yawa ko dai ba za ka samu komai ba ko a ce maka "sunan Afirka ne" a liƙa masa wata ma'ana, kamar Afirka ƙauye ɗaya ce mai harshe ɗaya.

Wasu kuma lamba ce kawai mutane ba su sani ba. Sani, Salisu, Rabi'u, Hamisu har zuwa Ashiru ƙidaya ce ta Larabci, na 2, na 3, na 4, na 5, a gidan da aka jera Muhammadu da yawa ake bambanta su da ita. Binta daga bint ne, 'ya, laƙabin Fatima. Danlami da Hajiya ke kira kuwa ta yi daidai ɗari bisa ɗari, ɗan Alhamis ne, da mace ce Lami, kamar yadda makwabcinka Batone zai ce masa Yaw. Wannan tsarin ai mun yi tarayya da su, Danjuma shi ne Kofi, marigayi Kofi Annan a nan Kumasi aka haife shi ranar 8 ga Afrilu 1938 kuma in ka duba kalanda Juma'a ce, sunansa na tsakiya Atta kuma na tagwaye ne. Gambo namu mai bin tagwaye shi ne Tawia nasu. Sai irin su Tanko namiji bayan mata, Kande mace bayan maza, Audi wanda uba ya rasu yana ciki, Cindo mai yatsa 6, Azumi, Auta, da sunayen 'yan wabi irin su Ajefas da Ayashe da ake sawa kamar ba a damu da yaron ba don ya tsaya. Waɗannan kowannensu tarihin gida ne a dunƙule.

A irin waɗannan tsohuwarka ta fi Google, da gaske nake. In kana son rubutacce akwai ƙamus na Bargery na 1934 da ya kawo sunaye da laƙabobi da dama, da Ƙamusun Hausa na Jami'ar Bayero na 2006, na Tonanci kuma akwai na Christaller tun 1881. Amma ka tambayi tsofaffi 2 ko 3 daga gidaje daban-daban, don su ma wani lokacin sukan ƙera labari su daidaita shi da sautin suna, kuma laƙabi ɗaya kan sha bamban tsakanin Kano da Sakkwato da nan. Ni kaina iyakata Larabci da Hausa, in aka kawo min sunan Dagombanci ko Moshi ko Fillanci ba na yin karambani, wajen dattawansu nake turawa, akwai su a kowane masallaci a Aboabo.

Abin da zan yi in ni ne kai

Ka zauna da maiɗakinka cikin lallami, mai jego ce, kar ka je mata da "an gano ƙaryarki", ba ita ta ƙirƙira ba gani ta yi. Ka nuna mata ayar Suratul Ƙiyama da fassararta ta gani da idonta. In ma'anar ce ta ja ta ga Hibatullah ga Ata'ullah, in kuma sautin ne ke mata daɗi ga Rayyan nan kusa da shi kuma tarihinsa tabbatacce ne.

Amma ni ina ganin rigimarku ma ta warware kanta. In aka sa wa yaro Sa'idu sunan babanka, ai maiɗakinka ba za ta iya buɗe baki ta kira sunan surukinta ba, kai ma da wuya, dole a nemi na alkunya, shi ya sa gidajenmu suka cika da Abba da Baba da Baffa da Khalifa. To ga gurbi nan a buɗe. Sunan yanka Sa'idu, Hajiya ta samu mai sunan mijinta ta ci gaba da Danlaminta, uwa kuma ta kira shi Ayaan in tana so, da sanin cewa sa'a yake nufi a bakin Somaliyawa ba aya ba ce, ka ga ma Sa'idu da sa'a ba su yi nisa da juna ba.

Ƙanwarka kuma kar a tayar mata da hankali. Sunayen da Annabi (SAW) ya canza masu mummunar ma'ana ne ko masu yabon kai, kamar Barra da ya mayar Zainab, kunna fitila kuwa ba zagi ba ne. Abin da za a bari shi ne faɗin fure ne a Aljanna. In zuciyarta ta ƙi kwanciya tana son canzawa, wannan hukunci ne, ta je wa malamin fatawa, ni malamin harshe ne.

Sai rubutu. Duk sunan da kuka tsaya a kai ku zaɓi rubutun boko guda ɗaya tun ranar suna, Seidu ne ko Saeed ko Sa'id, ka rubuta shi da hannunka a takarda ka miƙa wa ma'aikacin, kar ka faɗa da baki ya rubuta yadda kunnensa ya ji. Yadda ya shiga katin awo na asibiti haka zai shiga takardar haihuwa, haka makaranta, haka Ghana Card da fasfo. Rajistar haihuwa kyauta ce kafin yaro ya cika wata 12, amma gyaran harafi ɗaya daga baya sai an yi takardar rantsuwa, wani lokacin har da bugawa a gazet, ga kashe sidi ga zirga-zirga. Ina da ɗalibin da takardunsa 3 suka zo da Mohammed iri 3, sai da zai yi fasfon tafiya karatu abin ya tashi. In kun tsaya a kan Sa'idu ka aiko min kafin Laraba in rubuta maka shi da Larabci da wasullansa ka ba liman ranar Alhamis.